Sadaki da Ciyarwa: Tarihin Shari'ar Mutuwar Aure a Adar

In aure ya mutu a Barmu ko a Tawa, magana biyu ke kai mutane gaban hakimi. Miji ya ce a maido masa dukiyarsa. Mace ta ce a ba ta abincin idda da na yara. Wannan gardama tsohuwa ce. Ga tarihinta.

Tun kafin zuwan Nasara, malaman Adar suna hukunci da mazhabar Malikiyya, suna duba Risala da Muhtasar. Hukuncin a fili yake. Sadaki na mace ne, ba na ubanta ba. In miji ya sake ta bayan sun yi zaman aure, ba ya karɓar ko dala. In ya sake ta tun bai kusance ta ba, rabin sadaki nata ne. In ita ce ta ƙi zama, miji ba shi da laifi, sai ta fanshi kanta. Shi ake kira hul'i. In kuwa ta kawo shaidu cewa yana cutar ta, alƙali zai raba su, ba ta biyan kome. Wadda aka yi wa saki ɗaya ko biyu, ci da sha da wurin kwana suna kan miji har ta gama idda. Mai ciki kuma, har ta haihu.

Amma al'ada ta ƙara nata. Ban da sadaki akwai toshi, da gaisuwar iyaye, da kayan lefe. Ranar rabuwa sai miji ya lissafa duka, alhali an riga an cinye. Sau da yawa mace takan zauna gidan ubanta, ba aure ba saki, sai wani manemi ya zo ya biya tsohon mijin.

Da Faransawa suka kama ƙasa, sun kafa kotunan ƴan ƙasa a 1903. Ana hukunci bisa al'ada, kumandan yana sa ido. A 1939 dokar Mandel ta hana aurar da yarinyar da ba ta kai shekara 14 ba, ta kuma wajabta yardar ango da amarya. A 1951 dokar Jacquinot ta ce bazawara, da macen da ta kai shekara 21, su auri wanda suke so, kada kowa ya nemi riba a kansu. Sai dai dokokin nan sun fi zama a takarda. Ƙauye bai cika jin su ba.

Nijar ta sami ƴanci a 1960. Dokar 16 ga Maris 1962 ta bar aure da saki da gado a hannun al'adar masu shari'ar. Alƙalin gwamnati yana zama da mashawarta masu sanin al'ada. Dokokin 2004 da 2018 sun bi wannan hanya. A 1993 an fito da daftarin dokar iyali, ƙungiyoyin addini suka ƙi shi, aka ajiye. Shi ya sa maigari da hakimi ke fara sulhu. In sulhu ya gagara, sai gidan shari'a.

Ga misali daga jiharmu. A 1996 an sayar da Hadijatu Mani, tana da shekara 12, a kan jika 240. Da ta sami takardar ƴanci a 2005, ubangidan ya ce ai matarsa ce. A 2006 kotun Ƙonni ta ce babu sadaki, babu ɗaurin aure, saboda haka babu aure. Shari'a ta yi ta juyawa, har aka kulle ta. A 2008 kotun ƙasashen Afirka ta Yamma ta zauna a Yamai, ta ce gwamnati ta biya ta miliyan 10 na sefa. Kun ga kuɗin saye daban, sadaki daban.

To, ƴan'uwa, rigakafi ya fi magani. Ranar ɗaurin aure a faɗi sadaki gaban shaidu, a rubuta shi, a ware shi daga kyauta. A karɓi takardar aure a ma'aikatar magajin gari. In rabuwa ta zo, a rubuta ranar saki da abin da uba zai riƙa bayarwa. Aure yana mutuwa, amma ciyar da ɗiya yana nan a wuyan uba.