DAREN NIS: YADDA KAMIYO YA ZAMA MAKAMI

Ƴan uwa ɗalibai, in aka ce makami, hankalinmu bisa bindiga ko bam yake zuwa. Ba wanda ke kallon kamiyon da ke kawo shinkafa kasuwa ya ji tsoro. Amma akwai wani dare guda da ya sa ƙasashen Turai suka koma yi ma mota wani irin kallo, har suka shiga gardamar da ba ta ƙare ba har yau. Tarihin wannan dare nike son mu bi tare.

Ranar 14 ga Yuli ce babbar sallar ƙasar Faransa. A shekara ta 2016, mutane wajen 30,000 suka taru a birnin Nis, bisa titin bakin teku da ake kira Promenade des Anglais, dan kallon wasan wuta. Da misalin ƙarfe 10 da rabi na dare, wasa ya ƙare, jama'a na shirin watsewa, sai ga wani farin kamiyo mai nauyin tan 19 ya hau gefen masu tafiya da ƙafa, ya kewaye shingen ƴan sanda, ya faɗa cikin taro. Ya yi kusan kilomita 2 yana karkata dama da hagu dan ya take mutane da gangan. Cikin minti 4 da ƴan kai abin ya wakana, kafin ƴan sanda su harbe direban. Mutum 86 suka rasu, cikinsu yara da matasa 15, fiye da 400 suka jikkata. Wajen kashi ɗaya cikin uku na mamatan musulmi ne.

Direban sunansa Mohamed Lahouaiej-Bouhlel, ɗan Tunisiya mai shekara 31, mazaunin Nis, aikinsa rabon kaya da mota. Ƴan sanda sun san shi da rikici da duka, har an yanke masa ɗaurin talala na wata 6 a watan Maris na shekarar, amma sunansa bai cikin jerin waɗanda ake sa ma ido bisa ta'addanci. Kamiyon kuwa hayarsa ya yi, kamar yadda kowane mai lasin tuƙin manyan motoci zai iya. Kwana biyu bayan harin ƙungiyar Daesh ta ce nata ne, sai dai masu bincike ba su samu wata igiya da ta haɗa shi da ita kai tsaye ba. A watan Disamba na 2022 kotu a Paris ta ɗaure mutum 8 da suka taimaka masa ta hanyoyi daban-daban, daga shekara 2 zuwa 18.

Kar mu ɗauka a Nis aka fara wannan ɗanyen aiki. Tun ranar 10 ga Yuli 1973, a birnin Prag, wata budurwa mai suna Olga Hepnarova ta tura kamiyo cikin masu jiran jirgin cikin gari, ta kashe mutum 8, kuma ba addini ba siyasa cikin lamarinta, haushin duniya ne. Abin da ya canza daga baya shi ne ƙungiyoyi sun maida shi dabara. A watan Satumba na 2014 kakakin Daesh, Abu Muhammad al-Adnani, ya kira mabiyansu da su yi amfani da duk abin da suka samu, har da mota. Dalili a fili yake: mota ba ta da tsadar samu, ba ta bukatar horo, kuma ba a tsaida mutum dan yana tuƙi.

Tun ba a gama jana'iza ba gardama ta tashi. Christian Estrosi, shugaban yankin kuma tsohon magajin garin Nis, ya ce gwamnati ba ta turo isassun ƴan sanda ba. Ministan cikin gida Bernard Cazeneuve ya musa. Jaridar Libération ta bayyana cewa mota guda ta ƴan sandan gari ce kawai ke tare mashigar da kamiyon ya bi. Ranar 18 ga Yuli, da firaminista Manuel Valls ya je taron juyayi, jama'a suka yi masa ihu. Shi kansa Estrosi bai kuɓuta ba. Nis ta yi suna a Faransa wajen yawan kamarorin tsaro, fiye da 1,000, kuma a farkon 2015 ya taɓa cika baki cewa da Paris na da irinsu, da waɗanda suka kai hari jaridar Charlie Hebdo ba su yi nisa ba. Sai ga shi kamarorin sun ɗauki direban yana zagaya titin da kamiyonsa kwanaki kafin harin, a wurin da aka hana manyan motoci bi, kuma ba wanda ya farga. Kamara tana gani, amma ba ta da hannun tsaida mota.

Gardama ta biyu bisa dokar ta-ɓaci ce. An kafa ta bayan hare-haren Paris na 13 ga Nuwamba 2015. Ranar 14 ga Yulin da rana, shugaba François Hollande ya ce za a ɗage ta ranar 26 ga wata. Da dare ya yi, magana ta sake. Majalisa ta ƙara wata 6, aka yi ta ƙari har 1 ga Nuwamba 2017, kuma kafin a ɗage ta sai da aka kwashe yawancin matakanta aka sa cikin dokar yau da kullum. Masu kare haƙƙin ɗan Adam suka yi tambaya mai nauyi: ai a ƙarƙashin dokar ta-ɓacin aka kai harin Nis, to mi ta hana?

Bayan Nis abin ya bazu. Ranar 19 ga Disamba 2016 a Barlin, wani kamiyo ya shiga kasuwar Kirsimeti, mutum 12 suka rasu. Birkin da ke kama kansa in mota ta yi karo shi ya taƙaita ɓarnar. A 2017 aka yi a Landan, da Istokholm, da Basalona, da New York. Nan ne birane suka fara dasa turakun ƙarfe da tubalan siminti a bakin filaye da gadoji. Wasu suka ce an maida gari kurkuku, wasu suka ce in ka toshe titi guda mai mugun nufi na gaba zai nufa. Turakun ma ba su cika aiki ba: a Magdeburg ta Jamus, ranar 20 ga Disamba 2024, maharin ta hanyar da aka bar ma motocin agaji ya shiga, a New Orleans ta Amurka, ranar 1 ga Janairu 2025, an cire turakun titin Bourbon ana shirin sake su lokacin da wani ya kashe mutum 14.

Wani abu da ya kamata mu riƙe: wannan makami bai da ƙabila, bai da addini. Ranar 19 ga Yuni 2017, cikin azumi, wani Bature ya take masallata kusa da masallacin Finsbury Park a Landan. Ranar 6 ga Yuni 2021, a Ontariyo ta Kanada, wani ya kashe musulmi 4 ƴan gida ɗaya suna yawon maraice. Maharin Magdeburg kuwa likita ne ɗan Saudiyya da ya yi suna wajen sukar Musulunci. Duk wanda ya ce maganin matsalar shi ne a sa ma al'umma guda ido, tarihi ya ƙaryata shi.

Mu ma nan gida mun san irin wannan gardama, ko da siffarta ta bambanta. A 2015, da aka kafa dokar ta-ɓaci a jihar Diffa, an hana hawan babur saboda mahara na amfani da shi, daga baya aka yi haka a sassan Tillaberi. Ɗan kabu-kabu ya rasa abin yi, manomi ya rasa abin kai kayansa kasuwa. Tambayar guda ce da ta Nis: in abin neman abinci ya zama makami a hannun mutum ƙalilan, nawa za a ƙuntata ma sauran jama'a, kuma har yaushe?

Ni abin da na fahimta daga wannan tarihi, ƙananan matakai su suka fi ceton rai: shinge mai nauyi a daidai mashiga, birki mai kyau, da mutumin da aka ɗora ma alhakin duba wurin kafin jama'a su taru. Manyan dokokin da ake yi cikin fushi kuwa, shigarsu da sauƙi, fitarsu da wuya. Gobe wasunmu ne za su zama magadan gari, injiniyoyi da alƙalai. Ranar da aka ba ka shirin filin idi ko filin kokowa, ka tuna da Nis, ka fara tambaya: ta ina mota za ta iya shigowa, kuma wa ke tsaye wurin?