Korar Ɗaukaka Ƙara Saboda Rashin Halarta a Shari'o'in Gona da Gado: Nazari Kan Arewacin Zamfara

Tsakure

Maƙalar ta duba matsayin wanda ya ɗaukaka ƙara kan gona, gida ko gado daga Ƙauran Namoda, Shinkafi ko Zurmi, amma bai halarci zaman kotu ba. Ta kwatanta dokar Nijeriya da fiƙihun Malikiyya, ta kafa hujjar cewa tsoron hanya uzuri ne da ya kamata alƙali ya bincika kafin ya kori ƙara.

Hanyar da ƙara ke bi

Tun da shari'ar Musulunci ta fara aiki a Zamfara ranar 27 ga Janairu, 2000, irin waɗannan rigingimu kan fara ne a kotunan shari'a. Sashe na 277 na Tsarin Mulkin 1999 ya taƙaita hurumin Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ga al'amura kamar aure, gado, wasiyya da waƙafi; jayayya kan mallakar fili zalla Babbar Kotun Jiha take nufa. Daga can sai Kotun Ɗaukaka Ƙara da ke Sakkwato. Kowane mataki na ƙara wa manomi nisa da kuɗin mota.

Kora da cirewa daga jeri

Ƙarar da aka cire daga jeri ana iya neman a dawo da ita. Wadda aka kora kuwa sau da yawa ta tafi ke nan: a shari'ar Babayagi da Bida (1998), Kotun Ƙoli ta ce korar ɗaukaka ƙara saboda rashin shigar da rubutacciyar hujja hukunci ne na ƙarshe. Amma a shari'ar Skenconsult da Ukey (1981) ta riga ta tabbatar cewa zaman da aka yi ba tare da sammaci ya isa ga mutum ba ɓatacce ne. A nan gizo ke saƙa. A watan Satumba na 2021 an katse layukan waya a faɗin Zamfara, an rufe kasuwannin mako-mako, an taƙaita zirga-zirgar babura. Mutumin ƙauyen Zurmi da lauyansa ke Gusau, ta ina zai ji ranar zama?

Abin da Malikiyya suka tanada

Littafin Muhtasar na Halil ya kasa wanda ba ya nan gida uku gwargwadon nisa. Ya daidaita tafiyar kwana 2 a hanya mai hatsari da tafiyar kwana 10 cikin aminci, ya kuma ce ana yi wa irin wannan mutum hukunci a bayan idonsa a komai, ban da mallakar ƙasa da gida. Gaskiya ne ƙa'idar kan wanda ake ƙara take magana, ba mai ɗaukaka ƙara ba. Sai dai dalilin ɗaya ne: gona idan ta fita hannu, aka nome ta ko aka sayar, dawo da ita sai an sha wuya.

Don haka maƙalar ke ganin ya dace alƙali ya rubuta a kundin shari'a yadda aka isar da sammaci da halin da hanyar Shinkafi ko Zurmi ke ciki a ranar, sannan ya fifita ɗage zama ko cire ƙara daga jeri a kan kora.