Daga CyanogenMod zuwa teburin mai filashin: tarihin raya tsohuwar waya

Da yawanmu a waya muke rubuta labaranmu, kuma wayar ba sabuwa ba ce, shi ya sa na ɗauko wannan tarihi a wannan makon.

A watan Oktoba na 2008 aka fitar da HTC Dream a Amurka, wayar Android ta farko da ta shiga kasuwa. Ba a jima ba masu ƙwaƙwa suka gano hanyar kutsawa cikin tushen manhajarta, suka fara sauya ta suna rabawa a dandalin XDA. A 2009 wani injiniya mai suna Steve Kondik ya fitar da nasa gyaran, CyanogenMod. A watan Satumbar shekarar Google ya aika masa takardar gargaɗi, saboda ya haɗa da Gmail da Maps, waɗanda ba sa cikin ɓangaren Android da aka bar wa kowa. Sai ya cire su, mai so ya ɗora da kansa.

Abin da ya ja mutane shi ne kamfani kan daina sabunta waya alhali lafiyarta ƙalau. CyanogenMod kuwa sai ta ba ta sabuwar Android. An mayar da aikin kamfani a 2013, wanda a ganina nan aka fara kuskure. A Disambar 2016 aka rufe, masu sa-kai suka ci gaba da shi da sunan LineageOS.

Kayan aikin wancan zamani ba su mutu ba. Odin, wadda ta sulalo daga cikin Samsung, da SP Flash Tool ta wayoyi masu injin MediaTek irin yawancin Tecno da Infinix, har gobe da su masu filashin ke aiki a Farm Centre ta Kano.

A Oktobar 2023 WhatsApp ya daina aiki a Android da ke ƙasa da 5.0. Na kai tsohuwar wayata wurin wani mai gyara, ya ce: "Malam, ka kwashe kayanka?" Na ce eh, ina nufin hotuna. Buɗe makullin wayar yana share komai da ke cikinta. Wayar ta tashi garau, babi goma sha ɗaya na littafina kuwa sun tafi, sai uku da na taɓa tura wa wata abokiyar rubutu.