Daga Zauren Sarki zuwa Ofishin Darakta: Tarihin Rigimar "Wa Ke Ciki?" a Ƙungiyoyinmu

Jama'ar Sabo, duk ƙungiyar gama kai da ta watse a cikinmu, in an bi diddigi, tambaya biyu ce ta kashe ta: wane ne ɗan ƙungiya, kuma wa ya zaɓi shugaba. Abin yana da tushe, kuma ya kamata mu san shi.

A 1901 jirgin ƙasa ya iso Ibadan, bayan shekara goma layin ya kai Kano. Shanu suka riƙa gangarowa, goro yana hawa Arewa. A 1916 aka ware wa iyayenmu wannan unguwa. A wancan zamani ba rajista, ba kati. Baƙo ya sauka gidan fatoma, dillali ya sayar masa, a cire la'ada. Mata kuma suna da adashinsu. In rigima ta taso, sai zauren Sarkin Sabo. Kowa ya san kowa, maigidanka shi ne shaidarka, wanda ya ci amana kuwa labarinsa kan riga shi isa Kano.

Tsarin takarda daga wata hanya ya zo. A 1844 wasu ma'aikata 28 a garin Rochdale na Ingila suka buɗe kantin haɗin gwiwa bisa ƙa'idar mutum ɗaya, ƙuri'a ɗaya, komai yawan kuɗinsa. Turawa suka kai tsarin Indiya, daga can wani jami'insu, C. F. Strickland, ya zo ya duba ƙasar nan, ya ba da rahoto a 1934. A 1935 aka kafa dokar ƙungiyoyin gama kai ta farko a Nijeriya, aka naɗa Rajistara. Maƙwabtanmu Yarbawa manoman koko su suka fara cin moriyarta, har aka buɗe bankin ƙungiyoyin a nan Ibadan a 1953, shekarar da Jihar Yamma ta yi tata dokar. Jihar Oyo ta gaji wannan tsari bayan an ƙirƙiro ta a 1976. Ta tarayya da ake aiki da ita yanzu kuwa Doka ta 90 ce ta 1993.

Mu mun shigo a makare. Sai da muka ga rance, rumfar kasuwa da tallafin gwamnati duk ana neman takardar rajista, sannan 'yan goro, 'yan kara, masu albasa da tattasai suka fara yi. To a nan gizo ke saƙar. Mun karɓi satifiket mun rataye a bango, amma muka ci gaba da tafiyar da ƙungiya kamar gidan fatoma.

Ita doka ba ta san "ai kowa ya san Alhaji namu ne" ba. Ɗan ƙungiya a wurinta shi ne wanda aka karɓa bisa ƙa'idojin da aka yi wa rajista, ya biya abin da aka yanka, sunansa ya shiga littafi. Ba ta yarda mutum ɗaya ya riƙe fiye da kashi ɗaya cikin biyar na hannun jari ba, kuma ƙuri'ar mai tirela goma daidai take da ta mai tire. Wannan ya yi wa manya nauyi, don a al'adarmu mai ɗaukar nauyi shi ke da magana.

Kun ga inda rigingimun suka fito ke nan. Ga wanda ya koma gida noma da damina, bai zuba kuɗin wata huɗu ba, ya dawo ranar zaɓe aka ce ba ya ciki. Ga sunayen da kan tsiro a littafi mako ɗaya kafin taron shekara. Ga kwamitin da wa'adinsa ya ƙare ya ƙi kiran taro. Ga kuma mamaci: ya rubuta sunan ɗa ɗaya a takardar ƙungiya, ɗan ya ɗauka ya gaji kuɗin da kujerar gaba ɗaya, alhali hannun jarin dukiya ce da sauran magada ke da haƙƙi a ciki, kujera kuwa ba a gadonta.

Abin da da yawanmu ba su sani ba sai sun sha wuya: dokar ta ce saɓanin da ya shafi harkar ƙungiya, tsakanin mambobi ko tsakanin mamba da kwamiti, Darakta ake fara kai wa, ya yanke da kansa ko ya naɗa mai sulhu. Wanda ya tsallake ya ruga kotu, lauyan ɗaya ɓangaren zai miƙe ya ce ba a bi mataki ba. Sai a kwashe watanni ana gardamar wa ke da hurumin sauraro, ba a ko taɓa ainihin maganar ba. Kafin a gama, banki ya daina biyan kuɗi don sa hannu biyu na ja-in-ja, kuɗin bazawara da na marayu sun maƙale, lauyoyi sun ci rabonsu.

Iyayenmu sun riƙe ciniki tsakanin Ibadan da Arewa da amana da sanayya, don su kaɗan ne kuma kunyar juna ta ishe su. Yau mun yi yawa, 'ya'yanmu haifaffun nan ne, baƙi na shigowa kullum. Amanar tana nan, amma dole a sa mata alƙalami. A karanta wa mambobi ƙa'idojin da Hausa. A liƙa sunayen masu ƙuri'a wata guda kafin zaɓe, mai ƙorafi ya yi tun da wuri. A rubuta hukuncin ɗan ci-rani tun ba a san wa zai tsaya takara ba. Sakatare ya rubuta abin da taro ya yanke, a sa hannu a wurin. In an saɓa, a fara da dattawa, sannan Darakta.

Rigakafi ya fi magani. Allah Ya haɗa kanmu, Ya sa albarka a nemanmu.