Zango: Yadda Baƙo Ya Zama Ɗan Gari a Ƙasar Tonawa

Wani dare ina gabatar da shirin Hausa a gidan rediyon da nake aiki a Kumasi, sai wani matashi ya bugo waya. Bayan mun gaisa ya ce, "Malam, don Allah mu 'yan zango, mu 'yan ina ne? Na je Kano an ce mini ɗan Gana, na dawo gida an ce mini baƙo." Na yi dariya, na ce masu sauraro su taya mu amsawa, na saki kiɗa. Gaskiyar magana ita ce a lokacin ba ni da amsa. Tambayar nan ce ta sa na koma wajen dattawa da littattafan tarihi, ga kuma abin da na samo.

Goro ne ya kawo kakanninmu. A dazukan Asante, waɗanda Hausawa ke kira Tonawa, yake fitowa, masu cinsa kuwa suna can Kano da Sakkwato da Barno. Fatake sukan taso da jakuna ƙarƙashin madugu, su yi watanni a hanya kafin su iso Salaga a ƙasar Gwanja. Sukan zo da kanwa da riguna da fatu da dabbobi, su koma da goro. Kada mu ɓoye, har da bayi ake saye da sayarwa a kasuwar, kuma cikin mutanen zango na yau akwai jikokin masu sayarwa, akwai jikokin waɗanda aka sayar. Inda ayari ya sauke kaya ya kwana shi ne zango. Ke nan sunan unguwarmu ma yana nufin wurin da ba a yi niyyar daɗewa ba.

A can Kumasi kuwa, tun kafin Turawa su ci ƙasar akwai Musulmi a kusa da fada. Baturen Ingila Bowdich da ya zo a 1817, da Dupuis da ya biyo baya a 1820, duk sun tarar da malamai a wajen Sarki Osei Bonsu. Suna rubuta masa wasiƙu da Larabci, suna yi masa addu'a, suna rubuta layun da ake ɗinkawa a jikin rigar yaƙi. Sarkin bai musulunta ba, malaman kuma ba su bar sallarsu ba. Amma abin yana da iyaka: masana tarihi sun ce cikin dalilan da suka sa aka tuɓe Sarki Osei Kwame a wajen 1800 har da zargin ya karkata ga Musulunci. Tonawa sun yarda baƙo ya yi addininsa, ya yi cinikinsa, matuƙar bai taɓa kujerar sarauta ba.

Abubuwa sun canza bayan Ingilishi sun ƙone Kumasi a 1874, ikon Asante a kan Salaga ya karye. A 1892 yaƙin basasa ya tashi tsakanin masu sarautar Salaga, kasuwa ta watse, 'yan kasuwa da malamai suka bazu zuwa Kete-Krachi da Kintampo da Yeji da sauran garuruwa. Cikinsu har da Alhaji Umaru, malamin da aka haifa a Kano, wanda ya zauna a Kete-Krachi yana karantarwa, yana rubutu da Larabci da ajami har rasuwarsa a 1934. Da Turawa suka kama Kumasi a 1896, hanyar kudu ta buɗe, zangon birnin ya cika ya batse. Nan ma akwai wani abu mai ɗaci: sojojin da Turawa suka yi amfani da su a yaƙe-yaƙen nan ana kiransu rundunar Hausa, ko da yake ba dukansu ne Hausawa ba. Saboda haka wasu Tonawa sun daɗe suna kallon ɗan zango a matsayin wanda ya shigo a bayan Bature.

Duk da haka aka zauna. In ka shiga zangon Kumasi, ko Nima da Sabon Zango a Akra, za ka tarar da Bahaushe da Bamoshe da Bazabarme da Badagombe da Bayarabe da Bafulatani da Bawangare da Kotokoli, kusan kowace ƙabila da sarkinta. Hausa ce harshen kasuwa da masallaci, amma in aka shiga ɗaki kowa yarensa yake yi da 'ya'yansa. Ba Musulmi kaɗai ke zango ba, akwai Kiristoci 'yan arewacin Gana da suka zo neman aiki suka kama haya a gida ɗaya da mu. Ƙasar kuwa ta masu gari ce, sarakunansu ne suka ba da wurin zama, shi ya sa har gobe in ana babban biki ko makoki a fadar Manhyia za ka ga Sarkin Zango da rawaninsa ya je gaisuwa. Ko a kwanon abinci ana ganin wannan cuɗanya. Abin da duk Gana ke kira waakye, wake da shinkafarmu ne. Koko da ƙosai su ne karin kumallon ma'aikaci a Akra, ko wane coci yake zuwa.

Wannan zama bai taɓa jijjiga ba kamar ranar da hukuma ta sa hannu a ciki. A ranar 18 ga Nuwamba, 1969, gwamnatin Busia ta ba duk baƙon da ba shi da takardar izinin zama mako biyu, ko ya samo ta ko ya bar ƙasa. Tattalin arziki ya taɓarɓare, aka ce baƙi ne suka cinye kasuwa. Dubun dubatar mutane suka fita, 'yan Nijeriya da Nijar da Togo da ƙasar da a yau ake kira Burkina Faso, da yawansu a nan aka haife su, ba su taɓa ganin garin da aka ce nasu ne ba. Kakata ta ba ni labarin maƙwabciyarta, wata Bayarabiya mai sayar da atamfa. Tare suka yi goyo, tare suke adashi. Daren da za ta hau mota ta kawo wa kakata tukwanenta, ta kai keken ɗinkinta wajen matar mai gidan hayarsu, Batona kuma Kirista, ta ce su ajiye mata har ta dawo. Kakata ta ce shekara da shekaru matar nan tana shafa wa keken mai, ba ta sayar ba, ba ta bari an hau ba. Mai shi ba ta dawo ba.

Shekara 13 bayan haka, a Janairun 1983, gwamnatin Shagari ta yi irin wannan kora a Nijeriya, 'yan Gana wajen miliyan ɗaya suka kwaso kaya zuwa gida. Jakar nan da ake kira gana-masgo daga nan ta samo sunanta. Kowace ƙasa ta ɗanɗana zama mai kora da zama wadda aka kora, kuma babu wadda korar ta warkar mata da talauci.

Abin da na fahimta daga wannan tarihi shi ne, zaman mutane mabambanta a wuri guda bai taɓa buƙatar su zama iri ɗaya ba, bai ma buƙaci su so juna kullum ba. Zo mu zauna, zo mu saɓa, in ji masu iya magana. Abin da ya riƙe shi shi ne kowa yana da abin da yake nema a hannun ɗan'uwansa, kowa ya san iyakarsa, kuma akwai dattawan da ake kai wa ƙara kafin magana ta kai ga sanda. Amfaninsa kuwa a fili yake: Musulmi kusan kashi 20 cikin ɗari ne a Gana bisa ƙidayar 2021, amma ranakun sallah hutu ne ga kowa, kamar yadda Kirsimeti take. A watan Afrilun 2019, yana gab da cika shekara ɗari, Babban Limamin ƙasa Shehu Usman Nuhu Sharubutu ya je cocin Katolika na Christ the King a Akra ranar Ista, ya zauna da rawaninsa a gaishe su. Wasu sun yi suka, amma shi ya san irin igiyar da yake ƙara ɗaurewa.

Ba na cewa komai ya gyaru. Har yanzu zanguna na fama da rashin magudanar ruwa da makarantu da aikin yi, har yanzu yaro mai suna Garba ko Hamidu yakan sha tambayoyi wajen neman katin ɗan ƙasa fiye da abokinsa Kwame. Mu ma muna da namu laifin, don akwai gidajen da har yau ba sa son 'yarsu ta auri ɗan wata ƙabila, ko da a sahu ɗaya suke sallah.

Mako biyu bayan wancan dare na karanta wannan bayani a shirin. Na ce wa matashin, idan yana saurare: an ce baƙo raɓa ne, amma raɓar da ta wuce shekara ɗari a wuri, ta binne iyaye, ta haifi jikoki, ta zama ruwan garin. Kai ɗan Kumasi ne mai jin Hausa. Ka je ka karɓi katinka, in an tambaye ka garinku ka faɗi sunan unguwarku.