SAMANJA MAZAN FAMA: TARIHINSA DA HAUSAR DA YA BAR MANA

A cikin 'yan wasan kwaikwayo akwai waɗanda ba su fitowa a matsayin saurayi kyakkyawa ko jarumin labari. Su abin da suka ƙware da shi shi ne su ɗauki halin wani irin mutum, kamar boka ko dogari ko ɗan kama-wuri-zauna, su riƙe shi har jama'a su mance da sunansu na yanka. A ƙasar Hausa da wuya a sami wanda ya kai Alhaji Usman Baba Pategi a wannan fanni. Manufar wannan ɗan taƙaitaccen bayani ita ce a nuna cewa gwanintarsa a bakinsa take, watau a irin Hausar da ya yi wasa da ita.

Abin da zai fara ba mai karatu mamaki shi ne, Samanja ba Bahaushe ba ne. Banufe ne, ɗan gidan sarautar Pategi, wani gari a bakin kogin Kwara, cikin Jihar Kwara ta yanzu. Neman abinci ya kai shi Kaduna, inda ya kama aiki a gidan watsa labarai na Jihar Arewa, wanda ya buɗe rediyo da telebijin a 1962. Ya kuma sa kaki a zamanin yaƙin basasa na 1967 zuwa 1970. Saboda haka da ya zo kwaikwayon soja ba da jita-jita ya yi aiki ba. Abin da ya gani da idonsa ya kuma ji da kunnensa ya kawo.

Kafin a gane wasansa sai an san tarihin Hausa a bariki. Tun 1863 wani Bature mai suna Glover ya kafa wata 'yar runduna ta Hausawa a Ikko. Bayan haka Lugga ya haɗa rundunar Afirka ta Yamma, wadda da ita aka ci Kano da Sakkwato a 1903. Da tafiya ta yi tafiya sai Hausa ta zama harshen da soja ke magana da juna, ko da kuwa Tibi ne da Babarbare da Angas. Daga nan aka sami abin da masana ke kira Barikanci. Alamominsa sanannu ne: ba a kula da jinsi, sai a ce "mace ya zo", ƙ da ɗ da ɓ su kan koma k da d da b, sa'an nan ga Turanci barkatai a tsakiyar zance. Ta wannan ƙofa kalmomi irin su kurtu da kofur da saja da kyaftin da fareti suka shigo mana. Ita kanta kalmar samanja daga sunan wani muƙamin soja na Turanci aka aro ta.

To, wannan harshe ne Usman Baba Pategi ya ɗauko ya kai gidan rediyo da telebijin na Kaduna, a shirin Samanja Mazan Fama, wanda ya yi tashe a shekarun 1970 da 1980. Ya kan fito da kaki, da tsawa, da zare ido, yana cakuɗa Hausa da Turancin bariki. Muƙamin da ya zaɓa ma akwai hikima a ciki, don samanja a tsakiya yake: kurtu na tsoronsa, shi kuma yana ƙamewa gaban hafsa. Mai kallo ya kan ga mai tsawa da wanda ake yi wa tsawa a jikin mutum guda.

Mu kuma tuna da zamanin. Soja sun riƙe mulkin Nijeriya daga 1966 zuwa 1979, suka sake dawowa a ƙarshen 1983. A lokacin talaka in ya hangi kaki sai ya sake hanya. Amma da dare ya yi, ga shi zaune gaban akwati yana ƙyaƙyata dariyar soja, sojan kuma na dariya tare da shi. Wannan ba ƙaramin aiki ba ne.

Ya yi zamani da irin su Kasimu Yero na Karambana, wanda ya rasu a 2017. Su ne suka share fagen da finafinan bidiyo suka taras, tun daga Turmin Danya da aka yi a Kano a 1990, har zuwa kan marigayi Rabilu Musa Ibro. Shi kuwa Samanja Allah ya yi masa rasuwa a Kaduna cikin watan Nuwamba 2023.

Saura aikinmu, mu ɗaliban Hausa. Barikanci na canzawa, don sojan yau ɗan makaranta ne, kaset kuwa ba ya jure zafi da ƙura. Ya kamata wannan ƙungiya ta nemi abin da ya rage na shirin a gidajen rediyo da telebijin na Kaduna, a rubuta shi yadda aka faɗe shi, ba tare da an gyara masa nahawu ba. Ga barikin Giginya nan kusa da mu, ga tsofaffin soja a cikin gari. A gwada bakinsu da na Samanja. Wanda ke neman abin da zai rubuta kundin digiri a kai, ga shi nan.

Allah ya jiƙansa, ya sa ya huta, amin.