Chari Maigumeri: Daga Ramukan Garwa Zuwa Samanjan Rundunar Najeriya

Duk wanda ya hau Dutsen Jumbal da ke bisa garin Banyo a Kamaru zai tarar da kufan katangun da Jamusawa suka gina. A nan aka yi ɓarin wuta daga 4 zuwa 6 ga Nuwamba 1915, lokacin Yaƙin Duniya na Ɗaya. Sojojin Rundunar Najeriya, ƙarƙashin Birgediya Cunliffe, suna rarrafe cikin hazo suna neman ƙolin dutsen, na sama kuwa suna mirgino musu duwatsu, suna jefo nakiya. Kyaftin Bowyer-Smijth na Rundunar Najeriya ya faɗi tun ranar farko. Kwamandan Jamusawa, Schipper, shi ma bai sauko da rai ba.

Sunayen waɗannan biyu suna nan cikin littattafai. Masu hawan da masu jifan kuwa, galibinsu 'ya'yan ƙasashen nan ne, kuma yawancinsu sun tafi da sunayensu. Abin yana ci mini rai. Shi ya sa nake riƙe da labarin mutum guda da tarihi bai yar ba, wato Chari Maigumeri, mutumin Barno.

Yana matashi ya shiga sojan Jamus a Kamaru, yaƙi ya same shi a Garwa. Garwa ta lokacin ba wajen wasa ba ce. Jamusawa sun kewaye tuddan bakin Binuwai da ganuwa, da waya mai ƙaya, da ramuka masu tsinin māsu a ciki. A ƙarshen Agusta 1914 Ingilishi suka taso daga Yola suka far mata, aka fatattake su, aka kashe shugabansu Laftanar Kanar Maclear. Da suka komo a 1915 tare da Faransawa, sai suka sake dabara. Dare na yi a kama haƙa, gari na wayewa ramin yaƙi ya ƙara matsawa kusa da ganuwa. Aka hauro da igwar jirgin ruwa ta Binuwai, Faransawa ma suka kawo tasu, aka dinga luguden wuta. Wasu daga cikin sojojin Jamus suka nemi tsira ta kogi, ruwa ya ci da yawansu. Ran 10 ga Yuni 1915 Kyaftin von Crailsheim, kwamandan Jamusawan Garwa, ya miƙa wuya. Cikin fursunonin har da Chari, wanda labarin bariki ke cewa Jamusawa sun riga sun saka masa lambar jarumta saboda tsayuwar da ya yi.

Wata biyar bayan nan Banyo ta faɗi, a Fabrairu 1916 kuma Mora, sansanin Jamus na ƙarshe a Kamaru, ta bi sahu.

A 1917 Chari ya sa kakin waɗanda ya harba jiya, aka tafi da shi Gabashin Afirka yaƙar iyayen gidansa na dā. Mai karatu na iya cewa sauya sheƙa ce. Ni ban ga haka ba. Yaƙin na Turawa ne, iyakar da suka ja tsakanin Yola da Garwa ma tasu ce, talakan Barno bai da tutar da zai ci amanarta. Abin da ke hannunsa shi ne sana'ar soja da rashin tsoro, kuma ɓangarorin biyu sun shaide shi a kansu.

Ya yi ta hawa har ya zama babban samanja na Bataliya ta 3. A Yaƙin Duniya na Biyu ya yaƙi Italiyawa a Habasha, inda Ingila ta ba shi lambar jarumta ta MM, sannan ya tafi Bama ya fuskanci Japanawa. Yi tunanin kuratan da aka kwaso daga ƙauyukan Arewa, ba su taɓa ganin teku ba, ga su cikin kurmin Bama. Muryar da ke tsayar musu da zuciya ta irin su Chari ce, da Hausa, domin ita ce harshen bariki.

A 1953 ya halarci naɗin Sarauniya Elizabeth a Landan, a shekarar kuma ya ajiye kaki bayan shekara 36, aka ba shi muƙamin kyaftin na girmamawa. Barikin sojan Lakwaja, a mahaɗar Binuwai da Kwara, sunansa yake amsawa har yau.